Yadda za ka gyara sebin da fayilolin gem su yi aiki a na'urar da aka yi wa hakin

Duk wanda ya taɓa riƙe PS3 ko PS4 ko Xbox 360 da aka yi wa hakin, wato aka buɗe ta don ta karɓi manhajojin da ba na kamfanin ba, ya san wannan takaicin, ka kwaso sebin ɗinka, wato fayil ɗin da ke riƙe da ci gabanka a gem, daga tsohuwar na'ura ko wani abokinka ya turo maka nasa da ya riga ya gama gem ɗin tas, ka zuba a filash ka jona, kana buɗewa sai ka ga an rubuta maka Corrupted Data, ko kuma gem ɗin ya ce wai wannan sebin na wani ne ba zai loda ba. A nan ne yawancin mutane suke cewa fayil ya lalace su goge shi. Alhali a mafi yawan lokuta lafiyar fayil ɗin ƙalau, na'urar ce kawai ta duba ta ga ba ta san shi ba. Abin da take dubawa kuma ba shi da yawa: waye mai sebin ɗin, lambar gem ɗin mece ce, wane afdet aka yi shi a kai, sannan hatimin da ke jikinsa ya yi daidai da abin da ke ciki ko an taɓa. In ka iya daidaita waɗannan to ka gama da matsalar, sauran duk danne-dannen maɓalli ne.

Zan fi tsayawa a kan PS3 saboda ita na fi daɗewa ina wasa da cikinta, kuma in ka gane tata sauran ba za su ba ka wahala ba. Kuma maganar da nake yi a kan gem ɗin da ka mallaka ne da sebin ɗinka ko wanda mai shi ya ba ka.

Kafin ka taɓa komai dan Allah ka yi kwafi. Ba wai kwafi ɗaya a filash ɗin da za ka yi aikin da shi ba, ka ajiye wani daban a kwamfuta cikin folda da ka rubuta mata kwanan wata. Ni da kaina na taɓa asarar sebin da na fi wata uku ina bugawa saboda na ce ai ƙaramin gyara ne bari in yi a kan na asalin kawai, na danna abin da bai kamata ba, shikenan. Ba wanda ya yi min, ni na yi wa kaina.

Sebin ɗin PS3 da abin da ke cikinsa

In ka kwafi sebin daga PS3 zuwa filash za ka same shi a PS3/SAVEDATA, a cikin na'urar kuma yana zaune ne a /dev_hdd0/home/00000001/savedata, wannan lambar 00000001 ta yuza na farko ce, in kana da yuza fiye da ɗaya kowa da tasa, to ka tabbatar ka san wacce ce taka kafin ka fara zuba abu a foldar ƙaninka. Kowane sebin folda ce guda da sunanta yake farawa da lambar gem ɗin. In ka buɗe ta za ka ga ICON0.PNG wanda hoto ne kawai ba ruwanka da shi, sai PARAM.SFO, sai PARAM.PFD, sai ainihin fayil ko fayilolin da ci gabanka yake ciki.

PARAM.SFO shi ne kamar katin shaidar sebin ɗin. A cikinsa ake rubuta ACCOUNT_ID, wato lambar akawun ɗin mai shi mai harafi 16, da sunan foldar da ya kamata sebin ɗin ya zauna a ciki, da kuma alamar nan da ke hana a kwafi wasu sebin ɗin zuwa filash. Shi kuma PARAM.PFD shi ne hatimin, yana riƙe da lissafin kowane fayil da aka kare har da shi SFO ɗin kansa, shi ya sa in ka buɗe SFO ka canja ko harafi ɗaya ne ba ka sabunta PFD ba na'urar za ta ce ya lalace. Mutane da yawa a nan suke faɗawa rami, su canja lambar akawun da hannu su yi murna, su mayar su ga Corrupted Data, su ce ai dabarar ƙarya ce. Dabarar ba ƙarya ba ce, rabin aikin suka yi.

Sake buga hatimin shi ake kira risayin, kuma hanya mafi sauƙi yanzu ita ce Apollo Save Tool, wanda ake sakawa a kan na'urar kanta ba sai da kwamfuta ba. Ka zuba foldar sebin ɗin a PS3/SAVEDATA na filash, ka jona, ka shiga da yuzan da kake so sebin ɗin ya zama nasa, ka buɗe Apollo ka shiga USB Saves, ka zaɓi sebin ɗin ka danna Apply Changes & Resign, bayan ya gama sai ka kwafe shi zuwa rumbun ciki. In hakin ɗin PS3 ɗinka irin wanda ake kira HEN ne ka tuna sai ka kunna HEN ɗin tukuna duk lokacin da ka tayar da na'urar, in ba haka ba Apollo ma ba zai buɗe ba. A kwamfuta kuma akwai Bruteforce Save Data, tsoho ne amma har yanzu yana aiki, sai dai shi dole ka fara ba shi PARAM.SFO na wani sebin da ka yi da kanka a na'urarka domin ya ɗauki lambobinka daga ciki ya liƙa wa baƙon. Ni dai Apollo na fi so don ba ya tambayarka komai, yana kan na'urar ya riga ya san lambobinta.

Wani abu da ke rikita mutane shi ne yuzan da bai taɓa shiga PSN, wato dandalin intanet na Sony, ba, shi ba shi da lambar akawun ta gaske. A Apollo ɗin akwai wurin da ake kunna akawun ba tare da intanet ba a ƙarƙashin User Tools, ka yi wannan tun farko ka sake tayar da na'urar, zai rage maka ciwon kai a sebin, kuma zai yi maka amfani in mun zo maganar lasisi a ƙasa.

Sai maganar yanki. Gem ɗaya yana iya fitowa da lamba daban-daban gwargwadon inda aka sayar da shi. BLUS na Amurka ne, BLES na Turai, BLJM na Jafan, BCUS da BCES su ne waɗanda Sony ta fitar da kanta, waɗanda aka sauke daga PSN kuma sukan fara da NPUB ko NPEB. Misali GTA V na Turai BLES01807 ne, na Amurka kuma BLUS31156, gem ɗaya labari ɗaya amma a wurin na'urar abu biyu ne da ba su haɗa komai ba. In ka zuba sebin na BLUS alhali gem ɗinka BLES ne ba ma za a ce maka ya lalace ba, gem ɗin zai fara daga farko kawai kamar babu komai, kai kuma kana ganin sebin ɗin a jerin na'urar da idonka, abin haushi. Gyaran shi ne a canja lambar a wuri biyu, sunan foldar da kuma layin SAVEDATA_DIRECTORY a cikin SFO, sannan a yi risayin. Lambar farkon kawai za ka canja fa, abin da ya biyo bayanta a sunan foldar ka bar shi yadda yake. Apollo yana da zaɓin canja yanki da ke yin wannan a lokaci ɗaya. Ba kowane gem ne yake yarda ba, musamman tsakanin na Jafan da sauran, amma da yawa suna karɓa.

Akwai dabarar da nake komawa gare ta in komai ya ƙi. Ka buɗe gem ɗin a na'urarka ka fara sabo ka yi sebin na banza, sai ka sa Apollo ya buɗe kullen baƙon sebin ɗin ya fitar da fayilolinsa a buɗe, ka dawo kan naka na banzan ka shigo da waɗancan fayilolin su maye gurbin nasa, ka yi risayin. Kenan kwandon naka ne kayan ciki ne na baƙo, na'urar ba ta da abin cewa. Sai in shi gem ɗin ne da kansa ya ɓoye lambar mai shi a can cikin bayanan, wasu suna yin haka, irin waɗannan sai an samu facin da aka yi musamman saboda su.

Kar kuma ka manta da afdet. Sebin da aka yi a kan 1.10 misali ba lallai ya buɗe a gem ɗin da yake 1.00 ba. Sabon afdet yakan karɓi tsohon sebin, amma tsoho ya karɓi sabo da wuya.

In kana so ka taɓa abin da ke ciki

Wato ƙara kuɗi ko harsashi ko maki. In gem ɗinka yana cikin jerin Apollo to an riga an yi maka aikin, za ka ga zaɓuɓɓukan ka yi musu alama ka danna. Amma in babu, ko kana so ka koya, ga yadda ake yi da hannu kuma wallahi ya fi daɗi in ya yi aiki.

Tsarin ba ya canjawa: ka buɗe kulle, ka gyara, ka daidaita lissafin cikin gem in akwai, ka mayar da kulle, ka buga hatimi. In ka tsallake na farko ka buɗe fayil ɗin a editan heks irin HxD, wato manhajar kwamfuta da ke nuna ɗanyen lambobin da ke cikin fayil, ba abin da za ka gani sai tarkacen lambobi marasa ma'ana, kuma duk abin da ka canja a haka ka kashe fayil ɗin.

A ce a gem ɗin kana da kuɗi 5000. Ka yi sebin ka fitar da shi a buɗe. Ka buɗe kalkuletar kwamfuta a yanayin masu rubuta manhaja ka juya 5000 zuwa heks, zai ba ka 1388. A PS3 da Xbox 360 ana rubuta lambar ne daga babban ɓangare zuwa ƙarami, kenan abin da za ka nema shi ne 00 00 13 88. A PS4 da Switch da kwamfuta kuwa a juye take, 88 13 00 00. Wannan ɗan bambancin ya sa mutane da yawa sun kwana suna neman lambar da ke gabansu. In ka nema ka samu wuri ɗaya ka yi sa'a. In ka samu wuri goma kar ka canja duka, koma gem ɗin ka yi abin da zai sa kuɗin ya zama 7500 misali, ka sake sebin ka fitar, ka nemi 00 00 1D 4C, wurin da a fayil na farko yake 1388 a na biyu ya koma 1D4C a daidai layi ɗaya shi ne naka. HxD yana iya gwama fayil biyu ya nuna maka inda suka saɓa, yi amfani da wannan.

Da ka gano wurin sai ka rubuta sabuwar lambar a kan tsohuwar, a kai fa, ba ka cusa ƙari ba, girman fayil ɗin kar ya ƙaru ko ya ragu ko da bayit ɗaya. 999,999 a heks 00 0F 42 3F ne. Kuma ka rage zari, na san hannu yana ƙaiƙayi mutum ya cika FF FF FF FF, to a gem da yawa wannan ba kuɗi mai yawa ba ne, lambar tana juyewa ta koma ƙasa da sifili ka wayi gari ana binka bashi. Iyakar da irin wannan gurbin yake ɗauka lafiya ita ce 7F FF FF FF wato 2,147,483,647, kuma ko ita ban ba ka shawarar ka kai can ba, don da ka samu ko kwabo ɗaya a cikin gem ɗin ya hau kai za ta fashe. Sa abin da zai ishe ka kawai.

In ka yi komai daidai ka yi risayin, na'urar ta karɓa amma shi gem ɗin ya ce sebin ya lalace, to yana da nasa lissafin tantancewa a cikin fayil ɗin, wata 'yar lamba da yake samu in ya tattara duk bayanan ya lissafa, yana lodawa sai ya sake lissafin ya gwada da wadda aka ajiye. Ka canja kuɗi ba ka canja ta ba, ya kama ka. Ka lura hatimi biyu ne kenan, na na'ura da na gem, risayin na farkon kawai yake gyarawa. Ga gem ɗin da aka sani, Apollo da Bruteforce suna da layin da ke sabunta wannan lissafin kuma yawanci an rubuta a jikinsa cewa dole ne a zaɓe shi, ka tabbatar ka yi masa alama tare da gyaran.

PS4, Xbox 360 da Switch

A PS4 sebin yana fita filash a PS4/SAVEDATA, sai folda mai lambar akawun, sai folda mai lambar gem da ke farawa da CUSA, kuma kowane sebin fayil biyu ne, babba da ƙarami mai .bin a ƙarshe wanda shi ne makullinsa, in ka raba su ka kashe shi. Ba kamar na PS3 ba, wannan a dunƙule yake, na'urar ce take buɗe shi, shi ya sa ake yin aikin a kanta da Apollo na PS4 bayan an kunna GoldHEN, wato hakin ɗin PS4. Abu biyu ke kawo cikas a nan. Na farko sebin da ya fito daga na'urar da famwayarta, wato manhajar da ke tafiyar da na'urar, ta fi taka sabunta yana iya ƙin buɗewa sam, saboda an kulle shi da makullin da taka ba ta sani ba, mafita ita ce mai shi ya turo maka shi a buɗe ka zuba a cikin naka na banza kamar yadda na faɗa a sama. Na biyu shi ne keystone, wani ɗan fayil a cikin sce_sys da ke ɗaure sebin da kunshin gem ɗin da aka yi shi a kai. In ka buga gem da faifansa na asali, daga baya ka juye faifan ka mayar da shi fPKG, wato kunshin girkawa da ba Sony ce ta sa masa hannu ba, keystone ɗin yana iya bambanta, sai ka ga gem ɗinka sebin ɗinka na'urarka amma an ce ya lalace. Ka yi sabon sebin a kan fPKG ɗin ka fitar da keystone ɗinsa ka shigar wa tsohon, Apollo yana da zaɓin yin duka biyun.

Xbox 360 mai hakin ɗin RGH ko JTAG tata mai sauƙi ce. Sebin yana Content, sai lambar furofayil, sai lambar gem mai harafi 8, sai 00000001. Ka buɗe wani sebin naka a Horizon ko Velocity ka kwafi Profile ID da Device ID da Console ID, ka buɗe baƙon ka liƙa masa su, ka danna maɓallin da ke yin Rehash da Resign, ka mayar da shi ƙarƙashin foldar furofayil ɗinka. Wanda ya fi muhimmanci a ukun shi ne na furofayil. Switch kuwa ba ma sai an ja magana ba, JKSV ko Checkpoint suna fitar da sebin a buɗe su mayar wa duk yuzan da ka zaɓa.

Fayilolin girka gem

Matsalar farko ba ma ta gem ba ce, ta filash ce. PS3 da kanta FAT32 kawai take gani, kuma tsarin rabon filash ɗin ya zama MBR ba GPT ba, in ka jona ba ta nuna komai ba fara duba nan. Windows ya daɗe yana ƙin yi wa abin da ya wuce 32GB fomat ɗin FAT32 ta hanyar da aka saba, sai ka nemi Rufus ko guiformat. Shi kuma FAT32 ba ya ɗaukar fayil ɗaya da ya kai 4GB. Akwai masu yanka fayil, ISO, wato kwafin faifai a fayil guda, ya koma .iso.0 da .iso.1, manyan fayilolin cikin folda su koma .66600 da .66601, yana aiki amma ni ina ganin wahalar banza ce. Ko dai ka yi amfani da NTFS ta hanyar IRISMAN ko webMAN MOD da prepISO, ko ka haɗa na'urar da kwamfuta da wayar lan ka tura ta FTP da FileZilla kai tsaye cikin rumbun. Da waya fa, wayales ɗin PS3 tafiyar hawainiya yake yi. PS4 ita tana karanta exFAT wanda ba shi da wannan iyakar, NTFS ne ba ta gani.

Sai sanin inda kowane abu yake zama a PS3. PKG, wato kunshin girkawa, ana ajiye shi a farfajiyar filash ba cikin kowace folda ba, ko a /dev_hdd0/packages, a girka ta Package Manager. ISO yana shiga PS3ISO. Gem ɗin da yake a folda yana shiga GAMES da manyan baƙaƙe, kuma da ka buɗe foldar gem ɗin ya zama PS3_GAME da PS3_DISC.SFB ne a gabanka kai tsaye, ba folda cikin folda ba, wannan kuskuren yana yawan faruwa in an warware zip. Akwai kuma game da ƙananan baƙaƙe, ita daban ce, nan ne abin da aka girka daga PKG da afdet da DLC, wato ƙarin kayan gem da ake saukewa daban, suke sauka, kar ka haɗa su. Foldar PS3_UPDATE da ke zuwa a faifai za ka iya cire ta, famwaya ce kawai a ciki.

Afdet da DLC dole lambarsu ta yi daidai da ta gem ɗin, na BLES ba zai hau kan BLUS ba, zai girku lafiya lau ya buɗe tasa foldar ya zauna gem ɗin bai ma san da shi ba. A PS3 in afdet ɗin guda biyar ne ka girka su a jere daga ƙarami zuwa babba kar ka tsallake, a PS4 kuwa na ƙarshen ya wadatar. A Xbox 360 afdet ɗin yana bin Media ID ne na default.xex ɗinka, wato fayil ɗin da ke tayar da gem ɗin, ba lambar gem kaɗai ba, manhajar Aurora da ake sakawa a na'urar tana nuna maka ita, DLC kuma yana zama a Content/0000000000000000 sai lambar gem sai 00000002.

Gem ɗin da ka saya a PSN yana buƙatar lasisi, shi ne ɗan fayil ɗin .rap mai bayit 16 kacal, kuma Apollo yana iya fitar maka da na abubuwan da ka saya daga tsohuwar na'urarka. Ana zuba shi a foldar exdata a farfajiyar filash ko /dev_hdd0/exdata. Kar ka canja masa suna, sunan shi ne lambar kayan da yake buɗewa, kuma ƙarshen ya zama .rap da ƙananan baƙaƙe, in .RAP ne ka gyara. Sannan yuzan ya zama an kunna akawun ɗinsa. In ka ga lambar kuskure 80029513 to nan za ka duba, lasisin ne. In 80029564 ne ya fito ana cikin girkawa yawanci PKG ɗin ne bai sauka ko bai kwafu duka ba, sake kwafowa ka gwada girman da na asali. 80010017 kuma na EBOOT ne, na'urar ta kasa tayar da shi, a HEN abu na farko da za ka tambayi kanka shi ne na kunna HEN kuwa, don sau da yawa amsar kenan.

Tunda mun zo kan EBOOT.BIN, shi ne fayil ɗin da ke tayar da gem, yana PS3_GAME/USRDIR. Za ka ci karo da tsofaffin bayanai da ke cewa ka buɗe PARAM.SFO na gem ka rage PS3_SYSTEM_VER zuwa 3.55 ka sake sa wa EBOOT hannu da TrueAncestor. Wannan yana da asali, a Disambar 2010 ƙungiyar fail0verflow suka nuna raunin sa hannun PS3 a wani taro a Berlin, a Janairun 2011 George Hotz ya saki makullin, aka daɗe kowa yana maƙale a 3.55 ga sababbin gem suna neman famwaya ta sama, dole aka riƙa yi musu kwaskwarima. Yanzu da CFW, wato famwayar da aka yi wa hakin, irin na Evilnat da HEN suka kai 4.9 da wani abu wannan aikin ya zama tarihi, in gem ya nemi famwaya ta sama ka sabunta CFW ko HEN ɗinka ta hanyarsu kawai, ba ta afdet ɗin da na'urar take tallata maka ba. Hasali ma EBOOT ɗin da aka yi wa irin wancan gyaran yakan zama shi ne matsalar yanzu, in ka samu gem yana baƙin allo ka mayar da na asalin faifan ka gani. Inda har yanzu ake sake sa hannu shi ne in za ka saka EBOOT mai mod, nan ma ka duba an yi shi ne don CEX, wato famwayar na'urar kasuwa, ko DEX, ta masu ƙera gem, da kuma lambar gem da afdet ɗin da ya dace da su. In an girka afdet, EBOOT ɗin da ke aiki shi ne na cikin game ƙarama ba na GAMES ba, mutane suna canja na GAMES ɗin su zauna suna mamakin me ya sa ba abin da ya canja.

A PS4 rage famwayar da gem yake nema har yanzu ana yi, shi ne bakfot, tunda wanda yake 9.00 ko 11.00 ba ya so ya matsa. Canja lamba a param.sfo kaɗai ba ya isa, sai an taɓa eboot da sauran fayilolin manhajar, shi ya sa yawanci yake zuwa a matsayin wani PKG da ake girkawa a kan gem ɗin. Kuma afdet na fPKG a ɗaure yake da ainihin kunshin da aka gina shi a kai, ko CUSA ɗin ɗaya ne in ba daga kunshi ɗaya suka fito ba, to zai ƙi hawa, sai an sake ɗaura musu aure kamar yadda masu harkar suke faɗa, wato a sake gina afdet ɗin a kwamfuta ana nuna masa PKG ɗin gem ɗinka. Afdet na asali daga Sony kuma ba ya hawa kan fPKG, don haka ka kashe saukar da afdet ta kai tsaye a saitin.

Duk wannan a wajen layi ake yinsa. Shiga PSN ko Xbox Live da na'ura mai hakin ko sebin da aka cusa wa kuɗi yana iya jawo a toshe akawun ɗin ko na'urar gaba ɗaya, kuma shiga wasan haɗaka da shi cutar sauran 'yan wasa ne. In kana da akawun da ka tara sayayya a kai ka raba shi da wannan na'urar, ka buɗe yuza daban na gwaji, duk sabon sebin ko EBOOT ka fara gwada shi a can, ka loda ka yi wasa na ɗan lokaci ka sake sebin ka fita ka sake lodawa, don wani gyaran yana buɗewa a karon farko sai a sebin na gaba yake nuna halinsa. In ya wuce wannan gwajin sai ka yi masa risayin zuwa babban yuzanka.